'Yan Hayar Rumfata

Da na bar kasuwar Ƙofar Ruwa
abin da na tsira da shi falle goma ne na kwano,
sai ciwon gwiwa.
Da kwanon na kafa rumfa a tsakar gida, nan Gwammaja,
aka shafe ƙasan da siminti,
na ajiye kujerar roba biyu, da buta, da rediyo,
na ce to, nan zan ƙarasa sauran kwanakina.

Ban yi magana da dillali ba,
ban ga mai kura ya sauke kaya ba.
Wata la'asar dai na ɗaga ido
sai ga gini a jikin katako,
bai fi kan tafarnuwa ba,
a rataye, baki ƙasa, ɗaki kusa da ɗaki.
Ashe na yi 'yan haya: rina.

Ba sallama, ba kuɗin wata.
Ƙugu kamar zare, zuciya kamar barkono.
In Hansatu ta yanka mangwaro, sun riga mu zama,
in ta zuba zoɓo, su ne masu fara ɗanɗana.

Na ce a bar su, kowa da rabonsa.
Sai ranar da suka sami Nafi'u a fatar ido,
yaro ya kwana da ido ɗaya kamar ƙosai.
Muka shafa albasa, muka shafa kanwa,
uwarsa ta taso tun daga Hotoro, ko mayafi bai zauna ba,
tana gaishe ni tana kallon rufi.
Na sunkuyar da kai. Dama an san za a rina.

Sabi'u mai faci ya ce fetur da ashana.
Na dubi katako, na dubi wayar wuta,
na ce kai dai ba gidanka za a ƙona ba,
bar ni da abina.

Tasalla mai koko ta aiko da ganyen darbejiya
da ɓawon lemo, a turara a kasko.
Muka turara.
Hansatu ta yi tari, na yi hawaye,
su kuwa suka zaga gari suka dawo
kamar turaren wuta aka yi musu na tarba,
mu aka bari da raɗaɗin idanuna.

Autana ya cusa tsumma a takardar siminti
ya rataya a kusurwa,
wai in sun ga gidan danginsu ba sa zama kusa.
Na yi dariya har da riƙe ciki:
ashe ba mu kaɗai ba ne, har su ma haka suna.

Ranar Talata, da na dawo daga asuba,
gari bai waye ba, sanyi ya ɗaure musu fiffike,
na lulluɓa da babbar riga, safa a hannu,
na tara buhu, na zungura da gora sau ɗaya.
Shi ke nan.
Abin da ya hana ni shan inuwa wata biyu
bai fi tsohon rasit nauyi ba a hannuna.

Na haska tocila.
Shekara talatin ina hulɗa da magina,
ban ga wanda ya taɓa fitar da kusurwa haka ba,
ba igiya, ba ma'auni, ba cikon kuɗi.
Na kai shi kangon bayanmu na ajiye a kan reshe,
ban iya takawa ba, kar ku tambaye ni dalilina.

Yanzu kofi ba ya zama sai da faifai,
ɓawon mangwaro ba ya yini,
lemon tsami da kanumfari a soke na kan taga,
kwalbar ruwan sukari can nesa, gindin katanga.
Rumfa ta dawo tawa.

Sai dai guda ɗaya, kullum bayan la'asar,
takan zo ta zaga inda gidan yake,
ta taɓa katakon, ta tsaya, ta wuce.
Ba na korar ta.
Ni ma in adaidaita ta bi da ni ta Ƙofar Ruwa
haka nake leƙen tsohon shagona.