Agogon Malama Dorota

A Yelwa, bayan makarantar 'yan mata,
akwai fili mai gangara zuwa Kwara.
Nan take zana mana layi da toka,
ita da bokiti da igiya da tsohon ciwon agara,
tun masunta ba su kwance jirage ba.

Sunanta Dorota. Mu Ɗora-ta muke kiran ta,
don in kin zago fili, harshe a waje,
sai ta ɗaga yatsa, ta ce, "Ɗora ɗaya."

Mijinta likita ne a babban asibiti,
shi ta biyo daga ƙasar Folan
da akwati biyu da takalmi mai ƙusoshi.
Ta ce a kufai aka haife ta,
garin da yaƙi ya tauna ya tofar,
ta koyi gudu a layin burodi,
wanda ya makara ya kwana da yunwa.
Daga baya aka sa mata lamba a ƙirji,
mita ɗari, mita ɗari biyu,
filaye masu sanyi, mutane kamar fara,
bindiga ta tashi, ita ma ta tashi.

Saura wata biyu babbar gasa,
jijiyar dunduniya ta tsinke mata kamar tsarkiya.
A rediyo ta ji an kira sunan wata
a layin da aka ce nata ne.
Sau ɗaya ta ba mu wannan labari,
tana ɓare gyaɗa, ba ta dube mu ba.

Ba mu da bindiga. Katako biyu take tafawa.
Ba mu da matokari, da cokali muke haƙa rami,
kowacce ta kafa yatsun ƙafa a ciki.
Hausarta gurguwa ce, tana ce wa mace "kai,"
amma kalma guda ta riƙe daidai:
"Kada ki waiwaya, Ige.
Mai waiwaye ta ba da taku biyu sadaka."

Ni ce 'yar mai banda daga Gungun Sarki,
warin hayaƙin kifi ba ya barin rigata.
Ta auna ƙafata da zare,
ta cusa auduga a bakin takalminta, ta ba ni.
A Sakkwato na sa shi.
Ban ga kowa ba, ban ji ihu ba,
zaren ƙarshe kawai na ji a ƙirji,
sai ga ta tana tsalle da ƙafa ɗaya,
farar mace ta yi ja kamar gauta,
tana zagi ko addu'a da yarensu.

Shekarar da kwangilar likita ta ƙare
ta rataya mini agogonta a wuya, a tasha.
Wasiƙa biyu ta zo. Ta uku tawa ce ta dawo,
an buga mata hatimi da baƙin da ban iya ba.

Na yi aikin jinya shekara talatin da ɗaya,
na yi gudu a baranda da jini a hannu,
ba wanda ya auna.
Yanzu gwiwa ta ƙi, sai na dafa bango.
Fili kuma an yanka shi fuloti-fuloti,
inda muke durƙusawa injin markaɗe ne.

Jiya jikata Tabawa ta kori akuya
daga ƙofar gida har bakin rijiya,
duga-dugai suna taɓa mata ɗuwawu,
kai a miƙe, ba waiwaye.
Na laluba ƙasan adaka, na ciro agogon,
na danna.
Allura ba ta motsa ba, tsatsa ta cinye ta.
Na dai ƙirga da baki, yadda aka koya mini,
da ta dawo tana haki, na ɗaga yatsa.