Kalmar da Na Zo da Ita Daga Khartum

Ranar Talata Dakta Awad ya rubuta ta a allo,
harufa goma sha huɗu, jere kamar taragon jirgin ƙasa:
Weltanschauung.
Ya ce ta Jamusawa ce, an ara ba a mayar ba,
gabanta duniya, bayanta kallo.
Muka gwada faɗi, harshe ya yi tuntuɓe,
wata daga baya ta ce, "Wa ya yi atishawa?"

Ya ce kada mu kira ta ra'ayi.
Ra'ayi riga ce, kana tuɓewa in zufa ta dame ka.
Wannan kuwa ido ne da kansa,
shi da yake ganin komai, bai taɓa ganin kansa ba.
Na rubuta. Na ja layi biyu.
Na zuba ta sau bakwai a takardar jarrabawa
kamar mai yayyafa yaji a naman da bai gasu ba.

Hutu ya zo, na hau motar Sinnar,
na sauka Mai Wurno da ita a baki, ina tsotsa.

Kawu Shatima na bakin tukubarsa,
yana juya agashe, hayaƙi na cin idonsa.
Na ce, "Kawu, mece ce Beltanshawun ɗinka?"
Bai ɗago ba.
Ya ce, "In ciwo ne, ban da shi.
In bashi ne, na biya."

Na fassara masa: yadda kake kallon duniya,
inda ka tsaya kake hango ta.
Ya kaɗe ƙuli daga tafin hannu,
ya ce, "Wa ya ce miki a tsaye nake?

"Kakana ya baro yamma da jaki ɗaya da buta,
zai je Makka.
Ya iso bakin kogin nan, guzuri ya ƙare,
ya ce bari a yi noman shekara guda.
Ya shuka dawa. Ya haifi ubana.
Har ya mutu bai yi wa ɗakinsa daɓe ba,
wai matafiyi ba ya gyara masauki.
Ubana ya je ya dawo, da haƙorin Makka a baki,
amma in ka tambaye shi lafiya
sai ya ce, muna kan hanya."

Na dubi gidanmu ta bayan kafaɗarsa.
Shekara ashirin da biyu ina kwana a ciki,
yau na lura
akwatin Gwaggo Yalwa bai taɓa barin bakin ƙofa ba,
kullum a ɗaure da igiya.
Yau na ji yadda muke cewa "can gida"
muna nuna wa rana mafaɗarta,
ƙasar da ko a mafarki ban san ƙamshinta ba.

Ashe cikin kalmar aka yanke mini cibi.
Sai da Bajamushe ya ba ta suna,
Balarabe ya rubuta da alli,
kafin in gane tabarmar da nake zaune a kai.

Da magariba na gangara bakin Nilu.
Masunta na ja, yara na wanke rakumin wani.
Na faɗi kalmar a hankali, don in ji nauyinta.
Har yanzu tana da ƙaya,
ba ta zauna a bakina kamar "duniya" ba.

Kawu ya ƙwala mini kira daga sama:
"Ke mai Jamusanci! Naman zai huce.
Zo ki ci, ki faɗa mini
su da suka ƙera kalmar,
a zaune suke kallon, ko su ma tafiya suke?"

Ban sani ba.
Dakta Awad bai kawo wannan a jarrabawa ba.