Daƙiƙa Bakwai

A bene na uku, a Porto,
piyano ya cinye rabin ɗakin Belmiro,
gado ya lallaɓa da saura.
Shekara talatin yana kallon fuskoki a allo, ba murya,
yana ɗinka musu kuka da tsirkiyar goge.

Darakta ya bugo da tsakar dare:
"Matar za ta rufe ƙofa. Ba ni baƙin ciki,
kada ya wuce daƙiƙa sha huɗu."

Wata biyu yana sassaƙa.
Ya zuba tarin uwarsa na ƙarshe,
da kukan jirgin ƙasa kan gadar Douro.
Aka datse rabi.
Aka kifa ruwan sama kan sauran.

Sunansa kan hau allo
sa'ad da masu shara ke shigowa.

Jiya a kasuwar Bolhão
wata mai kifi na kankare ɓawo
tana fito da ɗan kiɗan nan,
har da gargadar da bai samu gyarawa ba.
Ya ce, na wa ne?
Ta ɗaga kafaɗa: "Oho. Kilo nawa?"

Ya sayi biyu,
shi da ko warin kifi ba ya so.