Tsirkiya Ta Shida

A teburina na shayi, bakin Gawon Nama,
nan ya fara zama,
shekarar da albasa ta yi arha har jakai suka ƙi ta.
Bature ne dogo, wuya kamar na zalɓe,
ranar Sakkwato ta gasa masa hanci yana saɓa.
Kolin sunansa. Yara suka ce Kwalin.
Ya amsa, bai taɓa gyara musu ba.

Turanci yake koyarwa can wajen Arkilla.
Sai da muka ga ƙarshen buhun sukari uku
kafin ya faɗa mini, da Hausarsa mai ɗingishi,
wai a garinsu, inda ruwan sama ba ya gajiya,
shi mawaƙi ne.

Na ce, "Wane sarki kaka yi ma waƙa?"
Ya ce babu.
"To, 'yan dambe? Manoma?"
Ya yi dariya har shayi ya sarƙe shi.
Wai baƙin cikinsa yake yi wa kirari,
mutane su biya kuɗin ƙofa su saurara.
Na ce, "Lalle ƙasarku an ƙoshi."

Su huɗu suka fara, a garejin uban ɗayansu,
jita biyu, ganga, da sanyi.
Shekara bakwai suna kwana cikin mota,
suna yi wa kujeru kiɗa.
Sai waƙa ɗaya ta tashi, ɗaya tak,
wadda ya rubuta daren da aka binne ƙanensa.
Ta shiga rediyo, ta shiga kantuna,
har aka yi tallan sabulu da ita.
Kamfani ya ce, "Ƙaro mana irinta."
Ya ce ƙane ɗaya gare shi.

Mai ganga ya koma dillancin gidaje.
Sauran biyun sun daina gaisawa.
Shi kuwa ya rufe jita a akwati,
ya nemi garin da waƙar ba ta san hanyarsa ba.

Bazara ta biyu, zafi ya tsinka masa tsirkiya ta shida.
Muka zaga kasuwa har la'asar, babu.
Jabbi mai gyaran keke ya duba, ya tofar da goro,
ya warware wayar birki, ya zare sili ɗaya,
ya ɗaura, ya ce, "Hwaɗi in ta yi."
Sautin ya fito da kaushi,
kamar kukuma mai mura.
Kwalin ya yi shiru.
Ya sake taɓawa.
Ya ce shekara goma yake neman wannan muryar.

Daga nan kullum bayan isha'i
sai ya aje 'yar na'ura kusa da gwangwanin madara,
ya sunkuya, yana ƙunƙuni da jita
kamar mai lallashin yaro.
Ba mu tafa ba ko sau ɗaya.
Ya ce shi ya sa yake zuwa.

Damina ta uku aka ce tsohuwarsa ba lafiya.
Ya tafi da bashin kofi biyu.

Bara wani malami ya kawo mini faifai daga gare shi.
Muka sa a shagon ɗan Jabbi, muka rufe ƙofa.
Ko kalma ɗaya ban gane ba.
Amma can ƙarƙashin muryarsa
ga cokalina yana zaga kofi,
ga kabu-kabu yana wucewa,
ga tarin Jabbi, Allah ya jiƙansa,
ga wayar birki tana kuka a madadinmu duka.
Can ƙarshe sai na ji kaina ina cewa,
"Kwalin, shayinka ya huce."

A bayan kwalin faifan an jera makaɗa.
Yaron ya karanta mini: Labo, cokali.
Labbo ne sunana, sun ci harafi ɗaya.
Ya ce mu aika a gyara.
Na ce a bar shi.