Rubutun Bayan Mota

Ran da na karɓi makullin motar ɗaukar riɗi,
rabi kuɗina, rabi bashin Alhaji Ɗantsoho,
na kira mai fenti daga kasuwar Gadarif,
na ce ya zana da ja, da ajami manya-manya,
yadda na bayana zai karanta ko da almuru:
Madugu uban tafiya.

Kakata Tabawa na kan angarib a ƙofar gida,
jabana na huci a bisa gawayi.
Idonta ya yi yana. Ta ce, "Karanta mini."
Na karanta, ina gyara wuyan jallabiya.

Ta daɗe tana juya finjali a tafin hannu.
"Bashari, kabari nawa ka haƙa a bakin hanya?"

Na ce babu.
"Sarki nawa ka durƙusa wa kana roƙon ragin fito?
Ka taɓa raba salka ɗaya wa mutum arba'in,
kai ka tsotsi danshin fatar daga baya?"

Ta ce, "A mangala aka ɗauko ni daga Haɗeja,
ni a ɓari guda, gero a ɓari guda,
da geron ya ƙare aka sa dutse a madadinsa.
Namu madugun Nomau sunansa.
Jaji na gaba yana duba sawu,
shi yana can ƙarshen ayari tare da guragu.
Kowane dare sai ya ƙirga mu,
bai taɓa runtsawa ba in lissafi bai cika ba.
Bayan Fashir ya sayar da rigarsa saƙi
don a bar mu mu ja guga uku a rijiya.
Bai ga Nilu ba.
Mu da ya ƙirga, mu muka gani.
Sunan da ka shafa wa ƙarfe ke nan da safiya."

Na so in kauce, na ce ai zamani ne,
ga Yaya Sallau ma ya yi hijira Jidda.
Ta ajiye finjalin har ya yi ƙara.
"Wa ya kore shi? Me ya gudar wa?
Sallau cin rani ya tafi, Allah ya ba da sa'a.
Kowace kalma da nauyin taikinta,
kar ka aza wa ɗan akuya kayan raƙumi,
a yi maka dariya, ka kuma karya masa wuya."

Na ce, to wurin mai shayin Hayya,
inda muke kwana in za mu Bur Sudan,
zango muke ce masa, shi ma laifi ne?
Ta yi shiru. "Kuna sauke gajiya? Kuna raba guzuri?
Baƙo na samun tabarma?"
Na ce ƙwarai.
"Wannan zango ne. Ba rowa nake yi ba,
ku ɗiba, amma ku san ma'aunin tiya."

Washegari na sa aka kankare.
Har yau in rana ta daki ƙofar bayan
ana ganin fatalwar mim a ƙarƙashin shuɗin fenti.

Da damina ta biyu, kafin Hashmul Girba,
laka ta riƙe mu kwana biyu.
Mutum goma sha tara a kan buhuna,
jarka ɗaya, murfinta ne mudu.
Na bi su ɗaya-ɗaya, har jaririn goye,
na ƙirga da dare, na sake ƙirgawa da asuba.
Da taraktar ta fizge mu, wani dattijo mai sanda
ya dafa kafaɗata ya ce, "Sannu, madugu."

Na waiwaya in ga wa yake kira a baya.