Riga Goma Sha Ɗaya

Da asuba a Idi-Araba, kafin ladan ya gyara murya,
ni ke buɗe shagon ƙanƙara.
Janareta ya yi tari biyu, ya kama.
Iya Sikira mai kifi tana jira da baro:
"Malam Isiyaku, yau ma hannu ba safa?"
Na ce ni da sanyi tsohuwar sanayya ce.
Ta yi dariya. Ta ɗauka zolaya nake.

Ina ɗan shekara bakwai Baba ya kwashe mu,
tuƙi ya samu a ofishin jakadanci, can Kanada,
ƙasar da ruwa kan daskare har yaro ya taka bayansa.
Aka ɗaura mini takalmi mai wuƙa a tafi,
aka miƙo mini gora mai lanƙwasa,
aka ce bi waccan 'yar baƙar robar.
Na faɗi. Na tashi. Na faɗi.
Shekara ashirin da biyar ina binta.

Ban zama gwani ba, kada in yi muku ƙarya.
Ni ne wanda ake kira in gwani ya karye,
a ba ni kwantiragin wata uku da makullin ɗakin wani,
hoton matarsa ma bai cire daga bango ba.
Aikina in tare hanya da ƙirji,
in sha duka, wani ya ci raga, a kira sunansa.

Riga goma sha ɗaya na sa.
Ta wani ƙauyen Finlan, mai warin kifi da hayaƙi,
ta wani garin ma'adinai a Cek,
inda suka kasa faɗin sunana suka ce mini Isi,
ta Kazakistan, da har yau suna riƙe da albashina na wata biyu.
Bas cikin dare, kai a jikin gilashi,
jaka ɗaya wadda ban taɓa kwancewa duka ba.
Baƙo raɓa ne, in ji Inna a waya.
Ni kam raɓar da ta daskare ce, kowace bazara a kankare ta.

Haƙora uku na bari a ƙasashe uku.
Raga tara na ci, na ƙirga, ba goma ba.
Ta bakwai ita nake tunawa:
robar ta bugi gwiwata ta shige, ban ma gani ba,
mutum dubu biyu suka miƙe suna ihu,
ni kuwa ina neman inda gorata ta faɗi.

Ranar sallama ba a yi taro ba.
Koci ya kira ni gefe, yana kallon agogo.
Na ninke riga, na miƙa makulli,
a filin jirgi aka ce gorar ta yi tsawo, sai da na biya.

Yanzu tana nan bayan ƙofa,
da ita nake tura ƙanƙara zuwa bakin mota,
masu zoɓo da masu kifi na layi har titi.
Yaran unguwa kan tambayi giɓina,
in ce doki ne, don gaskiyar ta fi wuyar bayani.
Rigunan kuwa Rakiya ta yi wa yara matashin kai da huɗu.

Amma in wuta ta daɗe ba a ɗauke ba,
daɓen ɗakin sanyi ya yi santsi,
nakan rufo ƙofa, Ikko na can tana hayaniyarta,
in ja baya taku uku da silifas ɗina,
in sake jiki.
Taku shida ne faɗin ɗakin.
Gwiwa na ƙara, bango na zuwa,
Iya Sikira na buga ƙofa tana kiran canjinta.