Rediyon Kawu Badamasi

A Auyo, bayan isha'i,
in kwaɗi sun fara nasu a fadama,
Kawu Badamasi tela yakan ɗauko rediyonsa,
ya share masa fuska da gefen riga,
ya zaro eriya, ya ɗaura mata waya a jikin azara,
sannan ya murɗa a hankali
kamar mai laluben allura a cikin yashi.

Shuuu. Wani na labarai. Shuuu.
Sai ga goge arba'in sun taso tare
daga bakin wani kogi da ba namu ba,
tsarkiya na ɗiga kamar ƙarshen ruwa a indararo,
sarewa na bin sawu.
Matar ba ta gaggawa.
Sai an gama shimfiɗa mata hanya
take buɗe baki.

Kalma ɗaya, "dare",
za ta ja ta, ta sake ta, ta kuma kamo ta
kamar mai kaɗi da mazari,
har shayinsa ya huce a ƙasa.
Jama'ar can su ɗauki sowa.
Kawu ya ce, "Ƙara, baiwar Allah."
Ita kuwa, kamar ta ji shi, ta ƙara.

Larabcinsa na hanya ne.
Shekara bakwai ya yi zuwa hajji da dawowa,
ya tsinci auduga a Sudan, ya yi ɗinki a bakin tasha,
ya komo da keke, da tari, da wannan kunne.
Na ce, "Kawu, me take cewa?"
"Wanda take jira bai zo ba."
"Shi ne har awa guda?"
"Kai yaro ne. Jira ai ya fi haka tsawo."

Bara da kaka muka kai shi makwancinsa.
Batir ya zube a cikin rediyon, ya cinye ƙarfen.
Keken kuwa wani ya saya a Haɗeja.

Jiya ina korar janbaki a gonar shinkafa,
'yata Talatuwa ta kawo mini fura,
waya na kiɗa a ƙullin zaninta.
Gogen nan ne. Ko a barci na san shi.
"Ina kika samo?"
"Mai caji ya tura mini. Tsohon abu ne, amma da daɗi."

Muka zauna a kan kunya.
Tsuntsaye suka sauka, suka ci rabonsu.
Matar tana nan tana jira,
ba ta kai ƙarshen kalmar ba tukuna.